Ta leƙo ta koma: Dorando Pietri da gudun Landan na 1908

Baba Koci: Assalamu alaikum 'yan zaure. Jiya bayan atisaye yarana suka tsare ni da tambaya, wai wa ya zauna ya yanke cewa gudun yada-ƙanin-wani kilomita 42 ne da mita 195, me ya hana a cike shi 42 cif ko 40. Na ba su amsa, amma amsar ta tuno mini da mutumin da waɗannan 'yan mitoci na ƙarshe suka kayar. Sunansa Dorando Pietri, ɗan Italiya, ɗan gajeren mutum da tsawonsa bai wuce mita 1.59 ba, yaron shagon kayan zaƙi a garin Carpi. Ranar 24 ga Yuli 1908, a gasar Olamfik ta Landan, shi ya fara shiga filin White City bayan sun taso daga fadar Windsor. Yana shiga ya juya ta hannun da ba shi ba, aka mai da shi hanya, ya yanke jiki ya faɗi. Aka tashe shi, ya sake faɗuwa. Sau biyar ke nan. Mita 350 ɗin ƙarshe sai da suka ci masa kusan minti 10, kuma riƙe da shi aka tsallake layi. Lokacinsa 2:54:46. Daƙiƙa 32 bayansa Johnny Hayes na Amurka ya iso da ƙafarsa. Amurkawa suka kai ƙara, aka soke nasarar Dorando, aka ba Hayes zinare. Tambayata gare ku: an zalunci Dorando ko an yi daidai?

Gwanki: Wa alaikumus salam Baba. Zalunci ne tsagwaronsa. Mutum ya sha rana kilomita 42, ya riga kowa shiga fili, sannan a ce ba shi ya ci ba? Shi ya ce a taɓa shi? Wanda ko gabansa ba ya gani ina ya ga bakin roƙon taimako? Laifin alƙalan wasa ne, su ya kamata a hukunta.

Mai Lissafi: Gwanki, sannu da zafin kai. An ce wa ya riga kowa shiga fili ko wa ya riga kowa kai layi? Gasar a layi take ƙarewa. Ka duba lissafin da Baba ya kawo: an ɗaga shi sau biyar, duk da haka daƙiƙa 32 kawai ya ba Hayes. Cire ɗagawa guda ɗaya tak daga cikin biyar ɗin nan ka gani. Da Hayes ya wuce shi yana kwance, da yau ba mu ma san sunansa ba.

Gwanki: Kai dai komai sai ka mai da shi alƙaluma. Zuciya fa?

Mai Lissafi: Ba a rataya wa zuciya lamba, abokina.

Anti Nas: Ku bar ni in sa baki ta fannin aikina. Abin da Baba Koci ya kwatanta, mutum ya rikice ya kasa gane hanya, ƙafa ta ƙi ɗaukarsa, ya tashi ya faɗi, wannan ya wuce gajiya. Ruwan jiki ya ƙare, zafi ya hau, ƙwaƙwalwa ta fara rasa abin da take buƙata. Idan aka kawo mana irinsa asibiti ba ma tsayawa tambayar wa ya ci gasa. Cikin waɗanda suka riƙe shi akwai likita, Dakta Michael Bulger, kuma ni ban ga laifinsa ba ko kaɗan. Laifin da na gani shi ne da suka tashe shi suka sake nuna masa layi. Faɗuwar farko ya kamata a ɗora shi a gadon ɗaukar majinyata a fita da shi.

Ɗan Zango: Anti, a fitar da shi a gaban mutum sama da dubu 70 suna ihu, ga Sarauniyar Ingila zaune tana kallo? Wa ke da wannan ƙarfin halin? Ni da nake alƙalancin ƙwallon unguwa na san yadda ihun mutum 200 ke juya wa mutum tunani, balle wannan.

Anti Nas: Ƙanena, shekara huɗu bayan nan, a Olamfik ta Stockholm ta 1912, ɗan Fotugal Francisco Lázaro ya faɗi a hanya cikin zafi, washegari ya cika. Dorando ma da aka fita da shi a gadon ɗaukar majinyata har jita-jitar mutuwarsa ta zaga gari. Tazarar da ke tsakanin labarin biyun ba ta da yawa.

Baba Koci: Anti ta taɓo inda nake so a je. Amma kafin nan bari in ba ku yadda gudun ya kasance, don Gwanki ya ce Dorando ya sha rana kamar shi kaɗai ya sha. An tashi da ƙarfe 2:33 na rana, mutum 50 da 'yan kai, kuma 27 ne kacal suka gama. 'Yan Ingila suka ɗebo da wuta tun daga farko don burge mutanensu, wajen rabin hanya sun ƙone. Tom Longboat, ɗan ƙabilar Onondaga daga Kanada, wanda ya ci gudun Boston a 1907 kuma kowa ke tsoronsa, ya zube wajen mil na 20. Charles Hefferon na Afirka ta Kudu ne ke kan gaba da rata mai yawa, har wani ɗan kallo ya miƙa masa giyar shamfen, ya kurɓa, cikinsa ya murɗa. Dorando ya ji taron mutane na zuga shi, ya ƙara mai tun da sauran tafiya, ya cim ma Hefferon wajen kilomita 39. Wannan ƙarin man shi ya cinye shi. Hayes kuwa tun daga Windsor yake tafiyarsa a ma'auni, bai bi kowa ba, yana tsintar waɗanda suka ƙone ɗaya bayan ɗaya. Ni a matsayina na mai horarwa, in za a ce in nuna wa yaro yadda ake wannan gudu, Hayes zan nuna masa. Kuma akwai abin da mutane ba sa kawowa: ranar 7 ga Yuli, kwana 17 kafin gasar, Dorando ya yi gudun kilomita 40 a Carpi cikin awa 2 da minti 38. Duk kocin da ya bar yaronsa ya yi haka yau, sai in ce a karɓe masa usur.

Gwanki: To Baba ashe kun riga kun yanke hukunci kuka zo kuna tambayarmu.

Baba Koci: Ban yanke ba, ɗana. Na ce Hayes ya fi iya gudun ranar. Ko an kyauta wa Dorando wata magana ce daban.

Ɗan Maraɗi: Ni abin da na taɓa gani shi ne cikin masu riƙe da shi a hoton da aka ɗauka yana tsallake layi har da Arthur Conan Doyle, marubucin nan na Ingila. Wai shi ne mai hula a gefe.

Mai Lissafi: A'a, wannan ta daɗe tana yawo amma ba haka ba ne. Mai riƙe da bututun magana a hoton Jack Andrew ne, jami'in da ke kula da gudun, ɗayan kuma likitan da Anti ta ambata. Conan Doyle yana wurin, amma a wajen zaman 'yan kallo, yana ɗaukar wa jaridar Daily Mail rahoto. Abin da ya yi shi ne ya sa aka buɗe asusun taimako ta jaridar, aka tara wa Dorando kimanin fam 300, shi da kansa ya sa fam 5.

Ɗan Maraɗi: Na gode da gyara. Fam 300 a 1908 ai dukiya ce ga yaron shago.

Ɗan Zango: Ga kuma kofin da Sarauniya Alexandra ta ba shi washegari, na azurfa da aka shafe da ruwan zinare. Shi ya sa ni nake ganin faɗuwa ce ta zo daidai da zama. Ku faɗa mini gaskiya, kafin Baba ya rubuto yau, wa ya taɓa jin sunan Hayes a cikinmu? Wanda ya ci zinare an manta da shi, wanda aka kora shi ake ta bugawa a hoto shekara sama da 100. In akwai wanda aka zalunta a labarin nan, Hayes ne. Ya iso ya tarar an riga an ɗaga tutar Italiya a saman ta ƙasarsa, taro duk hankalinsa na kan wanda ake fita da shi.

Gwanki: Yanzu kuma Ba'amurke ne abin tausayi? Su da suka garzaya kai ƙara mutum na kwance rai a hannun Allah?

Mai Lissafi: Su jira ya warke a rufe littafi? Sannan ka san yanayin da ake ciki. Tun ranar buɗe gasar ake zaman doya da manja tsakanin Ingila da Amurka: rigimar tuta, rigimar jan igiya, sannan kwana guda kafin wannan gudu aka yi ta tseren mita 400, inda alƙalan Ingila suka soke tseren suka kori Ba'amurke, sauran Amurkawan suka ƙi sake gudu, har daga baya ɗan Birtaniya Wyndham Halswelle ya yi tseren shi kaɗai ya karɓi zinare. Alƙalan gasar duka Turawan Ingila ne. Yanzu ka sa kanka a matsayin Ba'amurke, kana kallon waɗannan alƙalai suna tallabar wani zuwa layi ga yaronka na tahowa a baya. Me za ka ɗauka?

Gwanki: Zan ɗauka ba sa son in ci.

Mai Lissafi: To ka gani.

Hajiya Mai Tafiya: Ni ban san tarihi kamar ku ba, tafiyar safe kawai nake yi saboda hawan jini, amma ina da tambaya ga Mai Lissafi. Idan doka ce a kori wanda aka taimaka wa, ko yaushe aka bi ta? Don na ga 'yan Amurka sun fi kowa ɗaga murya.

Baba Koci: Hajiya, Allah ya ƙara lafiya, kin jefa dutse inda ya kamata. Shekara huɗu kafin nan, a Olamfik ta St. Louis a can Amurka, ɗan wasan Amurka Thomas Hicks ya ci wannan gudu. A hanya masu kula da shi suka ba shi sitiriknin, wato gubar da ake kashe ɓera da ita, haɗe da farin ƙwai, suka bi da giyar barandi. Wajen ƙarshe tallabe shi suka yi ta yi, ƙafafunsa na motsi kawai. Lokacinsa 3:28:53, kuma ba wanda ya karɓe masa zinare. Wanda aka kora a ranar shi ne Fred Lorz, shi kuwa mota ya hau ta ɗauke shi kusan mil 11. Af, a wannan gudun ne ma baƙaƙen Afirka suka fara shiga Olamfik, Len Taunyane da Jan Mashiani daga Afirka ta Kudu, suka zo na 9 da na 12. Amma wannan zance ne na wata rana.

Gwanki: Alhamdu lillahi! Hajiya kin biya ni. Mai Lissafi, ina alƙalumanka? Nasu an tallaba ya ci, na wani an tallaba an kore shi.

Mai Lissafi: Na karɓi wannan. Amma kuskuren 1904 ba ya halatta a maimaita shi a 1908. Da Hicks ma an kore shi da ya fi. Abin da kake nema shi ne a yi ɓarna biyu don su yi daidai.

Anti Nas: Maganar gubar nan ta sa ni dariyar takaici. A zamanin sun ɗauka ƙaramin ƙima na sitiriknin yana farfaɗo da jijiya, kuma da yawansu sun yarda cewa shan ruwa da yawa a hanya yana kashe gudu. A gudun Landan kamfanin Oxo ne ya ɗauki nauyin abin sha, ana miƙa wa masu gudu romon nama, mai zafi da mai sanyi, da shinkafa da madara, da ayaba. Romo mai zafi cikin rana tsaka! Ni mamakina ma yadda 27 suka kai.

Ɗan Maraɗi: Anti kin tuna mini. Na taɓa shiga wani gudun kilomita 21, masu shiryawa suka ce akwai ruwa duk bayan kilomita 3, muka wuce na 12 ba ko ɗigo. Wajen na 18 na ga titi na lanƙwasa, wani mai shayi ya riƙo hannuna ya zaunar da ni a bencinsa. Wallahi a lokacin haushinsa na ji, har ina fizgewa. Sai da na dawo hayyacina na gane ban ma san ta ina hanyar take ba. Don haka in an ce Dorando ya ce da an ƙyale shi da ya gama da kansa, na yarda ya faɗa da zuciya ɗaya, amma ban yarda zai iya ba. Wanda ke cikin wannan hali shi ne na ƙarshen sanin halin da yake ciki.

Gwanki: Amma akwai wadda aka ƙyale ta gama. Na ga bidiyon matar nan ta Suwizalan.

Baba Koci: Gabriela Andersen-Schiess, Los Angeles 1984, karon farko da mata suka yi wannan gudu a Olamfik. Ta shigo fili tana tangaɗi, jami'ai na binta a gefe, tana kauce musu don ta san in suka taɓa ta shi ke nan. Ta gama ta 37. Amma ka haɗa da Jim Peters na Ingila a Vancouver 1954, wanda ya shigo fili da rata mai nisan gaske, ya yi ta faɗuwa ana kallo ba mai taɓa shi, bai kai layi ba, kuma bai sake gasa ba har abada. Duk wanda ya tsaya yana kallon Peters a ranar, labarin Dorando ne ya ɗaure masa hannu.

Hajiya Mai Tafiya: To shi bawan Allahn nan ya ya ƙare? Ya koma shagon alewarsa?

Baba Koci: Ina! Nan ne ma labarin ya fi daɗi, Hajiya. Masu shirya wasa na Amurka suka ga kuɗi a ƙasa. Suka ɗauko shi zuwa New York, suka haɗa shi da Hayes ranar 25 ga Nuwamba 1908 a Madison Square Garden, cikin rufaffen zaure, zagaye 262, ga hayaƙin taba ya turnuƙe, 'yan ci-ranin Italiya a gefe guda, 'yan asalin Ayalan masu goyon Hayes a ɗaya gefen. Dorando ya ci. Aka sake ranar 15 ga Maris 1909, ya sake ci. A rangadin nan ya yi tsere 22, ya ci 17.

Gwanki: Shi ke nan, magana ta ƙare! Sau biyu ya kayar da shi. Wa ya fi wani?

Mai Lissafi: Ba ta ƙare ba. Zagaye a cikin zaure daban, titin Windsor cikin rana daban. Sannan Baba bai faɗa maka ba, tsakanin waɗannan biyun, a watan Disamba 1908, ya kara da Longboat a wannan zauren dai, ya sake zubewa dab da ƙarshe aka fita da shi. A watan Afrilu 1909 kuma aka tara su duka a filin Polo Grounds na New York, wani Bafaranshe Henri St. Yves ya cinye su, Dorando na biyu, Hayes na uku. Gwani ne, ban musa ba, amma mutum ne mai ƙona kansa.

Ɗan Zango: Abin da ya dame ni shi ne yawan tseren. 22 cikin 'yan watanni? Yau manyan 'yan Kenya da Habasha sau biyu ko uku suke irin wannan gudu a shekara. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Baba Koci: Shi ma kurar ta samu, ɗana. An ƙiyasta ya tara lira dubu 200 cikin shekara uku, kuɗi mai yawa a Italiyar wancan lokaci. Mafi kyawun lokacinsa ya yi shi ne a gudunsa na ƙarshe mai wannan tsawo, a Buenos Aires ranar 24 ga Mayu 1910, 2:38:48. Ya ajiye gudu a 1911 yana ɗan shekara 26. Ya zuba dukiyar a otal shi da ɗan'uwansa a Carpi, otal ya karye. Daga nan ya koma Sanremo yana riƙe da garejin mota, a can ya rasu ranar 7 ga Fabrairu 1942, ciwon zuciya, yana da shekara 56.

Anti Nas: Allah sarki. Ba zan ce gudun ne ya taɓa masa zuciya ba, don shekara 30 ne tsakani, amma jikin nan ya ga aiki.

Hajiya Mai Tafiya: Kuɗin gudu dai sun gudu. Ni yanzu na koma bayan Ɗan Zango. Da ya ci zinaren nan salin alin, da wa zai biya kuɗi ya je kallonsa a New York? Wani hanin ga Allah baiwa ne.

Gwanki: Hajiya, da za a tambaye shi, kofin Sarauniya ko zinaren Olamfik, kina ganin wanne zai ɗauka? Ni ɗan gudu ne, na san amsa. A littafin gasar, gaban sunansa babu lamba, an rubuta an kore shi. Ba kuɗin da ke goge wannan.

Mai Lissafi: A nan kam na yarda da kai. Kuma ka tuna karo na biyu ke nan tana leƙo masa tana komawa. A wasannin Atina na 1906 yana kan gaba ciwon ciki ya fitar da shi.

Ɗan Maraɗi: Baba, har yanzu ba ku ba mu amsar da kuka ba yaran ba. Mita 195 ɗin fa?

Baba Koci: Kai, tsufa! Da can ba tsayayyen awo, kowace gasa da nata, wajen kilomita 40. A Landan aka auna daga farfajiyar fadar Windsor zuwa gaban mazaunin Sarauniya a cikin fili, ya kama mil 26 da yadi 385, wato kilomita 42 da mita 195. A 1912 da 1920 an yi wasu tsawon daban, sai a 1921 hukumar wasannin guje-guje ta duniya ta tsayar da na Landan, kuma da shi ake tafiya tun Olamfik ta Paris ta 1924. Yadi 385 ɗin nan su ne na cikin fili, su ne Dorando ya yi minti 10 a kansu.

Gwanki: Wato da a ƙofar fili aka ja layi, da shi ya ci ba gardama.

Mai Lissafi: Da a kilomita 38 aka ja, da Hefferon ne. Da a mil na 10 ne, da wani ɗan Ingila ne.

Baba Koci: Ku biyun nan sai Allah. Gwanki, gobe ƙarfe 6 a bakin fili, kuma ka zo da gorar ruwanka, don ranar Asabar na ga yadda ka ƙarasa zagayen ƙarshe. An kira magariba a nan, sai da safe.